Auren rajista bai rufe ƙofar coci ba

Tsakanin 'yan Katolika 'yan Arewa mazauna Legas, daga Agege har Obalende, akwai maganar da ke yawo: wai idan Fada, wato limamin coci, ya ce ba zai ɗaura muku aure yanzu ba, kuka je ofishin rajistar aure na gwamnati da ke Ikoyi kuka sa hannu, shi ke nan, auren coci ya wuce ku har abada. Sai ka ga amarya ta naɗe farar rigarta ta cusa ƙasan akwati, ran Lahadi ta raɓe a bencin baya.

Ba haka abin yake ba. Dokar cocin ta 1983 ta tanadi hanyar gyara irin wannan aure: ma'auratan su sake furta alkawari gaban Fada da shaidu biyu. Ba anko, ba hayar zaure, ba shinkafar mutum ɗari uku. Ko bayan shekara goma ana yi.

Abin da ya hana tun farko ma galibi yana da mafita. Idan ango ɗan wani coci ne kamar ECWA, ko ma Musulmi, izinin Bishop ake nema, amarya kuma ta yi alkawarin yin iya ƙoƙarinta 'ya'ya su tashi a Katolika. Mai wuyar ita ce idan akwai tsohon aure kuma tsohon mijin ko matar na raye. Nan sai kotun coci ta bincika ko auren farkon ya ɗauru tun asali, kuma gaskiya yakan ja lokaci, duk da Fafaroma Francis ya sauƙaƙa tsarin a 2015. Kafin a gyara, ba wanda zai hana ki shiga coci. Karɓar Jibin Ubangiji, wato tsarkakakken gurasar da ake rabawa a coci, ne ake jinkirtawa.