Wa ake zaunarwa gaban kyamara bayan mawaƙi ya rasu?

A 2014 Alex Gibney ɗan Amurka ya fitar da Finding Fela, fim kan rayuwar mawaƙin Najeriya Fela Kuti wanda ya rasu a Legas a 1997. Cikin waɗanda suka ba da shaida da bakinsu akwai 'ya'yansa Yeni, Femi da Seun, da Sandra Izsadore wadda ta haɗu da shi a Los Angeles a 1969 ta buɗe masa ido kan gwagwarmayar baƙar fata, sai kuma Tony Allen, makaɗin gangarsa.

A ganina, a irin wannan fim bakin mutum kamar Allen ya fi na magada nauyi. Ba wai 'ya'ya maƙaryata ba ne, a'a. Amma ɗa yana da sunan gida da zai kare, kuma sau da yawa izinin amfani da waƙoƙin ma a hannun iyali yake. Allen kuwa ya yi shekara da shekaru yana zaune bayan Fela a kan dandamali, ya san dare nawa aka kwana ana gwaji, ya kuma bar ƙungiyar kiɗan Fela mai suna Africa 70 a ƙarshen shekarun 1970 kan rigimar kuɗi. Wanda ya ci daɗinka ya kuma sha haushinka, shi ya san ka ciki da bai.

Sai dai mai ba da shaida ba shi ke riƙe da almakashi ba. Za a ɗauki hirarka ta sa'o'i, a tsinci abin da ya dace da labarin darakta, a watsar da saura. Mahaifin marigayiya Amy Winehouse, mawaƙiyar Birtaniya, ya fito fili ya soki fim ɗin Amy na 2015 kan rayuwarta, yana mai cewa an nuna shi a baibai, kuma hakan bai hana fim ɗin lashe Oscar, babbar lambar yabo ta fina-finai, ba.

Mu nan tamu matsalar daban ce. An tarbiyyantar da mu kan ambaton alherin mamaci, don haka da an kunna kyamara sai ka ji “mutumin kirki ne, ba shi da abokin faɗa”. To, Mamman Shata, wanda ya rasu a 1999, ya yi zambo ya yi habaici, ya kuma yi rigima da manya. Masu kalangunsa da 'yan amshinsa ne suka ga yadda waƙa ke faɗo masa nan take a filin wasa, su suka san yadda ake raba kuɗin liƙi bayan an tashi. Waɗanda suka rage cikinsu tsufa ya cim musu, amma masu kyamara har yanzu gidajen manya suke fara nufa.