Malamin jirgi da littafinsa: a daina jingina wa Ibn Majid abin da bai yi ba

Jama'a, sau uku ke nan cikin wata guda ana turo mini rubutu iri ɗaya a kan Ahmad bin Majid, Balaraben nan masanin tuƙin jirgin ruwa. Wani ya ce shi ne ya ƙirƙiro kamfas, wato allurar da ke nuna wa matafiyi arewa da kudu. Wani ya ce shi ne maci amanar da ya nuna wa Turawan Fotugal hanyar Indiya har suka zo suka ƙwace kasuwancin Musulmi. Abin da ya fi damuna shi ne masu yabon da masu zagin duk sun haɗu a wuri guda: babu wanda ya ambaci littafin da mutumin ya rubuta. Shi ya sa na ce bari in zauna in faɗi abin da ke raina, ko da rubutun zai yi tsawo. Ku yi haƙuri ku bi ni.

An haifi Ibn Majid a Julfar, inda a yau ake kira Ra'asul Khaima a Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa, a farkon shekarun 1430. Gadon teku ya yi, ubansa da kakansa duk jagororin jirgi ne. Sunan wannan sana'a a tekun Indiya shi ne mu'allim, kalmar nan da ta zama malam a bakinmu. Jirgi yana da mai shi, yana da masu jan igiya, amma wanda ran kowa ke wuyansa, wanda zai dubi sama ya ce a karkata dama ko hagu, shi ake kira malam. Tun ranar da na san wannan nake ganin kalmar da wani nauyi na daban.

A shekarar 1462 ya tsara wata doguwar waƙa mai suna Hawiyatul Ikhtisar, baiti fiye da 1,000, a kan tushen ilimin teku. Wanda ya yi zaman zaure ba ya buƙatar a gaya masa dalilin saka ilimi cikin waƙe. Kamar yadda ɗalibi ke haddace Alfiyyar Ibn Malik don nahawu ya zauna masa a ka, haka matuƙi ke haddace hanyar Adan ta Yaman zuwa Kalikat ta Indiya. Takarda tana jiƙewa, fitila tana mutuwa cikin iska, amma baitin da ke ƙirji yana nan ko da tsakar dare ne. Sai wajen 1490, bayan ya kwashe kusan shekara 50 a kan ruwa, ya rubuta babban littafinsa a zube, Kitabul Fawa'id fi Usuli Ilmil Bahri wal Ƙawa'id, mai babi 12, kowane babi ya kira shi fa'ida.

To mene ne a ciki? Nan ne nake so mu ɗan daɗe, domin nan darajar mutumin take.

Mu ɗauka kana tsakiyar teku, kwana goma ba ka ga ƙasa ba. Abu na farko da kake son sani shi ne nisan da ka yi arewa ko kudu. Malamin jirgi yakan auna tsayin tauraron arewa, wanda suke kira Jahu, daga inda sama ta haɗu da ruwa. Ma'aunin kuwa yatsa ne, isba'i. Asalinsa mutum ya miƙa hannu ya ƙirga yatsu nawa ne tsakanin ruwa da tauraro, daga baya aka sassaƙa 'yan alluna na katako masu faɗi daban-daban don kada yatsar wani ta fi ta wani kauri. A lissafinsu zagayen sama duka yatsa 224 ne, wato yatsa ɗaya ta ɗan haura digiri ɗaya da rabi. Kowace tasha tana da adadin yatsunta a rubuce. Idan kana son wani gari a gaɓar Indiya, sai ka yi ta tafiya har Jahu ya kai yatsun garin, sannan ka miƙe gabas kana riƙe da wannan tsayin har ƙasa ta bayyana.

Amma Jahu ba a tsaye yake cak ba, yana ɗan zagayawa, kuma a wancan zamanin zagayen nasa ya fi na yanzu faɗi. Saboda haka sai an jira wasu taurari biyu, Farƙadani, su zo wani matsayi kafin a auna. Idan kuma jirgi ya gangara kudu wajen Zanzibar da Sofala a gaɓar gabashin Afirka, Jahu yakan nutse ya ɓace gaba ɗaya, sai a koma auna Farƙadani, in su ma suka yi ƙasa a koma ga taurarin Banatu Na'ash. Duk wannan Ibn Majid ya tsara shi dalla-dalla, har da taurarin da za a haɗa biyu-biyu a auna in gajimare ya rufe wanda aka saba da shi.

Kamfas ɗinsu an raba shi gida 32, kuma sunayen gidajen na taurari ne: mafitar Surayya, mafaɗar Suhailu, da sauransu. Surayyar nan ita ce tsofaffinmu ke kira Kaza da 'Ya'yanta. Ibn Majid ya yi dogon bayani a kan manazil 28 na wata, waɗannan dai da malaman hisabi a ƙasarmu ke lissafin shigowar damina da sanyi da su. Tafiya kuma ana ƙirga ta da zam, wato tafiyar awa uku, zam takwas ke yin yini da kwana. Sai lokutan iska: tekun Indiya iskarta rabin shekara tana kaɗawa daga kudu maso yamma, rabin shekara daga arewa maso gabas, kuma kowace tasha tana da mausim ɗinta, ranar da in ka wuce ta ba ka tashi ba, to ka nemi gidan haya ka zauna har baɗi. Ana ƙirga ranakun ne daga Nairuz, sabuwar shekarar Farisawa mai kwana 365, domin kalandar wata tana zagayawa, iska kuwa da rana take tafiya.

Sannan ga alamomi. Launin ruwa, irin tsuntsun da ka gani, ciyawar da ke yawo, siffar dutse idan ka hango shi daga nesa. Idan aka fara ganin macizan ruwa, an kusa gaɓar Indiya ke nan. Akan jefa igiya mai darma a ƙarshenta don a san zurfi da irin ƙasar da ke ƙarƙashi. Har ya yi magana a kan halin da ya kamata malamin jirgi ya kasance da shi, da duba jirgi da kayansa tun kafin a tura shi ruwa, da sa ido a kan mai riƙe da akalar jirgin kada ya yi gyangyaɗi.

Abin da ya fi burge ni kuwa shi ne yadda ya ɗauki magabata. Ya ambaci mutum uku na zamanin Abbasiyawa da ake kira zakunan teku, Muhammad bin Shazan da Sahal bin Abban da Laisu bin Kahlan, ya ce shi ne na huɗunsu. Ya girmama su, amma bai ɓoye ba cewa masu tattara labari ne daga bakin wasu, ba su ratsa yawancin hanyoyin da suka rubuta ba, kuma abin da shi ya gwada da idonsa ya fi abin da suka ji. Ga mutumin da ya karanta littattafan falaki na malamai, ya yarda da su inda teku ta gaskata su, ya gyara su inda ta ƙaryata. A ganina wannan shi ne ilimi. Wanda ya kwafi kuskure a littafin tarihi zai iya mutuwa ba a gane ba, amma wanda ya kwafi kuskuren yatsa ɗaya zai fasa jirgi da mutanen da ke ciki a kan dutse.

Yanzu mu koma kan maganganun nan biyu.

Kamfas ba shi ya ƙirƙiro ba. Wani masani ɗan Sin, Shen Kuo, ya bayyana allurar maganaɗisu a 1088, kuma kafin 1120 an rubuta cewa matuƙan Sin suna amfani da ita a teku. Wani marubuci a Alƙahira, Bailak al-Ƙibjaƙi, ya ba da labarin ya ga matuƙa suna aiki da ita a 1242 a tafiyarsa zuwa Iskandariya. Kusan shekara 200 ke nan kafin a haifi Ibn Majid. Yabon ƙarya ba ya ƙara wa mutum komai, sai dai ya ba mai neman kushe shi ƙofa.

Batun Fotugal kuma ga yadda yake. Vasco da Gama ya isa Malindi, a ƙasar Kenya ta yau, a watan Afrilu 1498. Sarkin garin ya ba shi jagora, wanda ya ƙetare da shi zuwa Kalikat cikin ƙasa da wata guda, suka isa a watan Mayu. Marubutan Fotugal sun ce jagoran mutumin Gujarat ne ta ƙasar Indiya, kuma laƙabin da suka rubuta masa, malemo, kalmar mu'allim ce a bakinsu. Sunan Ibn Majid ya shigo ne ta hanyar wani malamin Makka, Ƙuɗbuddin an-Nahrawali, wanda ya rubuta fiye da rabin ƙarni bayan faruwar abin cewa Turawa sun shayar da shi giya ya faɗa musu hanya. A shekarun 1920 wani Bafaranshe, Gabriel Ferrand, ya ɗauki wannan ya yaɗa. Masu bincike da suka zo daga baya, irin su Tibbetts wanda ya fassara Fawa'id zuwa Turanci a 1971 da Ibrahim Khuri ɗan Siriya, sun bi maganar sun ga ba ta tsaya ba. A lokacin Ibn Majid ya haura shekara 60, Balarabe ne ba Bagujarate ba, kuma shaidar guda ɗaya ce, daga wanda bai halarci wurin ba. Da maƙwabcinka aka yi wa irin wannan shaida, ba za ka karɓa ba. Don Allah mu ji tsoron Allah a kan matattu ma.

Akwai wata tambaya da ta fi waɗannan muhimmanci, wadda ban ga ana yi ba. Me ya sa ilimi mai zurfi haka ya tsaya, na Turai kuma ya yi gaba? Ni dai ban yarda kaifin ƙwaƙwalwa ne ba. Bayan Ibn Majid an samu Sulaiman al-Mahri na Shihr a Hadramaut, wanda ya rubuta littafinsa na tuƙin jirgi, Umda, a 1511, tsarinsa ma ya fi na Ibn Majid sauƙin bi. Piri Ra'is, wani jagoran jiragen Turkawa, ya rubuta Kitab-ı Bahriye a kan Bahar Rum a 1521, ya sake gyara shi a 1526 ya miƙa wa Sarki Sulaiman na Daular Usmaniyya ta Turkiyya. Sidi Ali Ra'is ya tattara ilimin malaman tekun Indiya cikin Turkanci a 1554. Duk rubutun hannu ne, kwafi kaɗan, a hannun mutane kaɗan.

Dubi ɗaya ɓangaren. A 1496 aka buga jadawalin falaki na Ibrahim Zakuto, Bayahude, a maɗaba'a a Fotugal, wanda ya taimaka wa matuƙa su auna matsayinsu da rana tsaka maimakon jiran tauraro. Sifen ta kafa ofishin kula da harkar teku a Sabiliya a 1503, ta naɗa babban jagora a 1508 don ya riƙa yi wa matuƙa jarrabawa, kuma duk wanda ya dawo daga tafiya ana son ya kawo abin da ya gani a gyara taswira. Pedro de Medina ya buga littafinsa na tuƙin jirgi a 1545, aka fassara shi zuwa Faransanci da Italiyanci da wasu harsuna. Martin Cortes ya buga nasa a 1551, shekara 10 kacal aka mayar da shi Turanci, aka yi ta sake bugawa. A 1599 Edward Wright ya fitar da littafi sukutum a kan kurakuran da ke cikin tuƙin jirgi na zamaninsa. Littafin da aka buga kwafi ɗaruruwa, idanu ɗaruruwa ne ke neman kuskurensa, kuma bugu na gaba yana fitowa da gyara. Na Ibn Majid kuwa sai da ya kwanta a ɗakin ajiyar littattafai na birnin Paris a Faransa har shekarun 1920 kafin a ɗauki hotonsa a buga. Wannan yana ƙona mini rai, domin mutumin da ya fi kowa nacewa a kan a gwada a gyara bai samu masu yawan da za su gwada nasa su gyara ba.

Matuƙa dai ba su manta da shi ba. Wani matafiyi ɗan Ingila, Richard Burton, ya rubuta cewa a 1854 ya ji ma'aikatan jirgi a Adan suna karanta wa Shehu Majid Fatiha kafin su shiga teku, shekara 350 bayan zamaninsa.

Kakana, Allah ya jiƙansa, ta ƙasa ya yi aikin hajji kamar dubban mutanenmu, ya ratsa Chadi da Sudan har bakin ruwa, ya shiga jirgin katako zuwa Jidda. Mahaifiyata ta ce abin da ya fi maimaitawa a labarin tafiyar shi ne tsoron da ya ji a kan ruwan nan, da wani tsoho da ke zaune a gaban jirgi yana kallon launin ruwa yana ɗaga hannu, mai tuƙi yana bin hannunsa. Bahar Maliya cike take da duwatsun murjani a ƙarƙashin ruwa, shi ya sa ƙananan jirage da yawa ba sa tafiyar dare kusa da gaɓa. Uban Ibn Majid a wannan tekun ya ƙware, har ya tsara waƙa a kanta, ɗan kuma ya keɓe mata fa'ida ta 12, wadda ya rufe littafinsa da ita, yana lissafa tsibiranta da wuraren da jirgi zai iya tsayawa da duwatsun da za a kauce wa a kan hanyar Jidda. Idan a cikin masu karanta wannan akwai wanda Larabcinsa ya nuna kuma yake da sha'awar falaki, ina roƙonsa ya fara mayar mana da wannan babin da na manazil zuwa Hausa. Ni zan ɗauki nauyin buga kwafin farko in Allah ya yarda.