Kaye ne ya buɗe wa baƙaƙen fata filayen wasan jami'o'in Amurka

Duk wanda ya kalli ƙwallon kwando na jami'o'in Amurka yau, a waya ko a talabijin, zai ga fili cike da baƙaƙen fata, har da yaranmu na Afirka da suka tafi da sikolashif, sai ya ɗauka ai tun fil'azal haka abin yake. Ina! A farkon shekarun 1960 akwai jami'o'i a kudancin ƙasar da ba ma ɗaukar baƙi a tim ba, ko shiga fili ɗaya da tim ɗin da ke da baƙar fata ba sa yi. Kuma wannan fa bayan kotun ƙoli ta haramta wariya a makarantun gwamnati tun 1954.

Jami'ar Mississippi State ta cancanci zuwa gasar ƙwallon kwando ta ƙasa a 1959 da 1961 da 1962, duk ta zauna a gida, don kawai kada yaranta Turawa su haɗa jiki da baƙi. A 1963 shugaban jami'ar, Dean Colvard, ya ce wannan karon za a je. Masu ra'ayin wariya suka garzaya kotu suka samo takardar hana tafiya, sai kocin, Babe McCarthy, ya sulale ya bar jihar tun kafin takardar ta iso shi, yaran kuma suka lallaɓa suka hau jirgi kamar masu gudun bashi. Duk wannan wahalar don su buga da Loyola ta Shikago wadda ke fara wasa da baƙi huɗu. Loyola ta cinye su 61 da 51, ta kuma wuce ta ɗauki kofin shekarar.

Wasan da aka fi tunawa shi ne na 19 ga Maris 1966. Texas Western, wata makaranta a El Paso can bakin iyakar Meksiko da ba kowa ya san da ita ba, ta kai wasan ƙarshe da jami'ar Kentaki ta koci Adolph Rupp, mutumin da ya riga ya ci kofin nan sau huɗu kuma babu baƙi ko ɗaya a tim ɗinsa. Koci Don Haskins ya fito da baƙi biyar cif, Bobby Joe Hill da David Lattin da Orsten Artis da Willie Worsley da Harry Flournoy, canjin da ya yi ma baƙi ya sako. A lokacin akwai wata magana da ake yawo da ita wai baƙi sun iya tsalle da gudu amma ba su da natsuwa da lissafi, dole sai da Bature a cikinsu yana jan ragama. Yaran nan suka buga wasa mai tsari, suka tsare gida, suka ci 72 da 65 a gaban ƙasar gaba ɗaya. Ladan da Haskins ya samu shi ne tarin wasiƙun zagi.

To ga inda nake so mu tsaya. Yadda ake ba da labarin nan yanzu sai ka ce zukata ne suka yi laushi, manyan koci-koci suka farka da safe suka gane ɗan Adam ɗan Adam ne. Ni ban yarda ba. Abin da ya fi tasiri shi ne ana cin su, kuma a jami'o'in Amurka wasa kuɗi ne da suna, tikiti ne da talabijin da gudunmawar tsofaffin ɗalibai, kocin da ake ci kullum ba ya daɗewa a kujera. Shi kansa Haskins bai taɓa cewa gwagwarmaya ya fito yi ba, abin da ya riƙa faɗa shi ne ya sa waɗanda suka fi iyawa ne don yana son ya ci wasa. Kentaki kuwa sai 1969 ta ɗauki baƙinta na farko a ƙwallon kwando, Tom Payne.

Dubi Alabama, inda gwamna George Wallace ya tsaya da kansa a ƙofar jami'a a 1963 don hana ɗalibai baƙi biyu rajista. A Satumbar 1970 jami'ar Kudancin Kalifoniya ta zo har Birmingham ta lallasa jami'ar Alabama 42 da 21 a ƙwallon Amurka, wato wanda ake gudu da ƙwallo a hannu sanye da kwalkwali, wani yaro baƙi Sam Cunningham ya riƙa ratsa su kamar wuƙa a kabewa. Ana yawan cewa wannan wasan ne ya sa kocin Alabama Bear Bryant ya fara ɗaukar baƙi, wanda ba daidai ba ne, don ya riga ya ba Wilbur Jackson sikolashif, dokar lokacin ce ta hana 'yan shekarar farko bugawa. Amma a ganina kayen ne ya rufe bakin magoya baya, waɗanda da can za su ta da jijiyar wuya. A 1971 John Mitchell ya zama baƙi na farko da ya buga wa Alabama ƙwallon Amurka, wajen shekara 17 kenan bayan hukuncin kotun ƙoli.

Wani zai ce to meye, ai tunda an buɗe ƙofa ko da wace niyya ce an buɗe, kuma akwai masu zuciya irin su Colvard da suka saka aikinsu a haɗari. Haka ne, ban ƙi ba, Allah ya saka musu. Sai dai niyya tana nuna kanta a abin da ya biyo baya. Wanda ya ɗauke ka don ka ci masa wasa, ƙafarka da hannunka yake so, bakinka kuwa ka tsuke shi.

Yaran farko sun ɗanɗana kuɗarsu. Perry Wallace na Vanderbilt, baƙi na farko da ya buga ƙwallon kwando a rukunin manyan jami'o'in kudu maso gabas a 1967, duk wasan waje sai ya sha zagi da barazana daga 'yan kallo, musamman a Misisipi, yaro ɗan shekara goma sha tara shi kaɗai cikin dubban mutane. Nate Northington ya buga wa Kentaki ƙwallon Amurka a 30 ga Satumba 1967, kwana ɗaya bayan rasuwar abokin ɗakinsa Greg Page wanda ya ji rauni a atisaye, su biyu aka ɗauka tare. Bai ƙarasa kakar ba ya bar makarantar. Wallahi duk lokacin da na tuna wannan sai jikina ya yi sanyi. A Wyoming kuma, 1969, 'yan wasa baƙi 14 suka je wajen kocinsu Lloyd Eaton suna neman izinin ɗaura baƙin ƙyalle a hannu ranar wasa da jami'ar Brigham Young, saboda a lokacin cocin da ke da jami'ar yana hana baƙi limanci. Nan take ya kore su duka daga tim. Sai 2019 jami'ar ta ba su haƙuri, yara sun zama dattawa masu furfura.

Sai wata asara da ba a cika maganarta ba. Kafin a buɗe ƙofa, baƙi suna da nasu jami'o'in, irin su Grambling da Jackson State, da nasu koci da nasu 'yan kallo. Da manyan jami'o'in Turawa suka fara ɗauka, sai suka kwashe gwanayen yara da kuɗinsu da filayensu, suka bar koci-kocin da suka raine su a inda suke. Shekara 18 aka yi bayan wasan Texas Western kafin koci baƙi ya ɗauki wannan kofi, John Thompson na Georgetown a 1984, kuma wanda ya doke a wasan ƙarshen jami'ar Houston ce mai Hakeem Olajuwon, ɗan Legas. Ka ga ke nan har yaro daga Najeriya ya samu shiga fili ya zama tauraro kafin baƙin da aka haifa a Amurka ya kai ga kofin yana zaune a kujerar koci. Yau ma ka leƙa ƙwallon Amurka na manyan jami'o'i, ka ƙirga baƙin da ke cikin fili sannan ka ƙirga waɗanda ke riƙe da muƙamin babban koci ko daraktan wasanni, tazarar za ta ba ka haushi. Kuɗin ma sai a Yulin 2021 aka yarda ɗalibi ya ci moriyar sunansa da hotonsa, bayan shekara da shekaru jami'o'i na kwasar miliyoyin daloli a kansa.

Cikin koci-kocin da aka bari a inda suke akwai Eddie Robinson, wanda ya fara horar da tim ɗin ƙwallon Amurka na Grambling a 1941, ya ci wasa 408, ya fitar da 'yan wasa sama da 200 zuwa ƙwallon ƙwararru, cikinsu har da Doug Williams wanda ya jagoranci Washington ta ci Super Bowl, wasan ƙarshe na gasar ƙwararrun, a 1988. A 1997 Robinson ya yi ritaya, a Grambling ɗin da ya fara.