Kafin a ɗauki sababbi, a warware matsayin muƙaddasai

A duk lokacin da jami'a ta fitar da sanarwar guraben aiki, masu neman aiki kan yi murna, amma a cikin ofisoshin jami'ar akwai waɗanda ke karanta sanarwar gabansu na faɗuwa. Su ne ma'aikatan da aka ɗaga domin su riƙe muƙami a matsayin muƙaddasai, aka bar su shekara da shekaru ba a tabbatar da su ba, kuma sun san cewa ranar da sabon ma'aikaci ya kama aiki za a iya mayar da su matakin da suka baro.

Na yi aiki da wani irinsu a sashen jarrabawa. Da shugaban sashen ya yi ritaya, sai aka miƙa masa takarda mai layi uku cewa ya riƙe wurin kafin a yi naɗi. Shi ke sa hannu a takardun sakamako, shi ke amsa tambayoyi a zaman kwamiti, shi ake kira da daddare idan makin ɗalibi ya ɓace. Haka ya shekara 6. Ranar da ya ga gurbinsa a jarida, sai ya tarar an gindaya sharaɗin digiri na biyu, wanda ba shi da shi, alhali sau biyu yana neman izinin ƙaro karatu ana ce masa babu wanda zai kula da ofis. Alawus ɗin riƙon da ya dogara da shi wajen biyan bashi ya tsaya a wata guda, sannan aka ce ya koya wa sabon shugabansa aiki. Wannan shi ne a ci moriyar ganga a yar da kwaurenta.

Ba na adawa da ɗaukar sababbi. Jami'ar da ta rufe ƙofarta ga mutanen waje za ta daskare, kuma gaskiya ne cewa riƙon ƙwarya ba naɗi ba ne. Abin tambaya shi ne wanda ya bar riƙon wata shida ya zama na shekara shida. Majalisar gudanarwa da ofishin magatakarda ne ke da ikon tallata gurbi ko tabbatar da mai riƙe da shi, kuma sau da yawa suna jan ƙafa ne domin alawus ya fi cikakken albashi araha.

Shawarar da hukumar UNESCO, mai kula da ilimi da kimiyya da al'adu ta Majalisar Ɗinkin Duniya, ta amince da ita a 1997 game da matsayin malaman manyan makarantu ta nemi a samar da tsari na adalci, a bayyane, wajen naɗi da ƙarin girma da sallama. A kan malamai aka rubuta ta, amma ban ga dalilin da zai hana hujjar ta shafi ma'aikacin ɗakin karatu ko na ɗakin gwaje-gwaje ba. Kamata ya yi kowace takardar riƙo ta zo da wa'adi a rubuce, kuma kafin a buga sanarwa a zauna da ƙungiyar ma'aikata a fayyace guraben da za a cike ta ƙarin girma da waɗanda za a buɗe wa na waje. Muƙaddashi ya shiga tantancewa a lissafa masa shekarunsa a matsayin ƙwarewa, idan kuma wani ya fi shi, kada a zaftare masa albashi dare ɗaya, musamman a inda ake lissafin fansho da albashin ƙarshe.

Abin da hukumomi ba sa hangowa shi ne illar wannan fargaba ga aikin kansa. Mutumin da ke zaman ɗar-ɗar yakan fara ɓoye abin da ya sani, sabon da ya shigo kuma ya tarar ana masa kallon ɗan ƙwace alhali bai yi laifin komai ba. A sashen da na ambata, sakamakon zangon farko bayan sauyin ya makara da makonni, ɗalibai suna ta safa da marwa a bakin ƙofa.