Nasiha Kan Kuɗin Ajiya a Kotu da Halin Wanda Ba Shi da Shi

Assalamu alaikum warahmatullah.

'Yan'uwa, musamman 'yan kasuwarmu na Gombe, akwai wani mataki a shari'o'in bashi da fili da ciniki da ya kamata mu duba da idon tsoron Allah, wato lokacin da kotu ta umarci mutum ya ajiye kuɗi a hannun rajistara, magatakardan kotun. Hakan yakan faru idan wanda hukunci ya hau kansa ya ɗaukaka ƙara, ya kuma roƙi a dakatar da zartar da hukuncin, sai a gindaya masa sharaɗin ajiye kuɗin da aka yanke masa. Wani lokaci kuma mai ƙara ne ake nema ya ajiye abin da zai rufe ɗawainiyar abokin shari'arsa idan ƙarar ta faɗi.

Asalin tsarin ba zalunci ba ne, domin akwai masu hali da suke fakewa da ɗaukaka ƙara su riƙe haƙƙin mutane shekara da shekaru, alhali Manzon Allah (SAW) ya ce jinkirin mawadaci wajen biyan bashi zalunci ne, kamar yadda Bukhari da Muslim suka ruwaito.

Abin da yake damuna shi ne mutumin da ya san a ransa abokin shari'arsa yana da gaskiya, ya kuma san abokin shari'ar nasa ba shi da ƙarfi, sai ya sa lauyansa ya dage kan a ɗora masa ajiya mai nauyi, ba don tsoron asara ba, sai don ya gaji ya janye. Ku dubi ƙaramin ɗan kasuwa a Tudun Hatsi, kasuwar hatsi ta Gombe, wanda jarinsa bai wuce 'yan buhunan masara da wake ba. Idan wa'adin kotu ya matso, zai karyar da hatsin tun farashi bai tashi ba, a ɗaga keken ɗinkin maiɗakinsa a kai kasuwa, kuɗin kuma su je su kwanta a asusun kotu, rumfarsa tana rufe, yara suna zaune a gida saboda kuɗin makaranta. Wanda ya jawo wannan da gangan ya sani cewa takardar kotu ba ta halatta haram. A hadisin Ummu Salama (RA), Annabi (SAW) ya bayyana cewa wani yakan fi wani iya tsara hujja, kuma duk wanda aka yanke wa haƙƙin ɗan'uwansa, yankin wuta aka yanka masa. Aya ta 188 a Suratul Baƙara ma ta hana a kai dukiya gaban mahukunta domin a ci wani ɓangare na dukiyar mutane da zunubi.

Ko da kai ne mai gaskiya, aya ta 280 a wannan sura ta umarci a saurara wa mai ƙunci har ya samu sauƙi. Lokacin da muryoyin Ka'abu ɗan Malik da Ibn Abi Hadrad suka ɗaga a masallaci kan bashi, Annabi (SAW) ya yi wa Ka'abu nuni ya yafe rabi, ya yafe, sannan ya umarci ɗayan ya tashi ya biya sauran.

Kai kuma da aka ɗora wa ajiyar, kada firgici ya kai ka ga bashin kuɗin ruwa. Ka bayyana wa kotu halinka a takardar rantsuwa, ka roƙi a rage, ko a ƙara wa'adi, ko a karɓa kashi-kashi, amma ka ji tsoron Allah kada ka ɓoye kadara ka rantse a kan talauci. Hukumar Ba da Agajin Shari'a ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1976, an yi ta ne domin marasa ƙarfin ɗaukar lauya. Duk abin da ka biya kuma ka karɓi rasit ɗinsa na hukuma ka adana.

Masu fitar da zakka kuwa su tuna cewa aya ta 60 a Suratut Tauba ta sanya waɗanda bashi ya yi wa katutu cikin mutum takwas da ake ba zakka. Da yawa daga cikinsu kunya ba za ta bar su su roƙa ba, don haka sai an tambayi limamin unguwa ko shugabannin kasuwa kafin a san su.

Allah Ya yaye wa masu bashi ƙuncinsu, Ya ba alƙalanmu ikon yin adalci.