Mogwai da makaɗan da muka sallama

A Glasgow ta Scotland, in ka ce ba ka san makaɗan Mogwai ba, kallon baƙo ake maka. Su huɗu ne, tun 1995 suke kaɗa jita da ganga, kuma yawancin kiɗansu babu waƙa a kai. Ga kunnen Bahaushe wannan miya ce ba gishiri, har yau ma ban gama sabawa ba. Amma yadda suke haɗa faifai ya tsaya mini a rai.

Faifansu na goma, As the Love Continues, a 2020 suka yi shi, korona ta rufe ko'ina. Sun so zuwa Amurka wurin Dave Fridmann, mai tsara musu sauti, hanya ta toshe. Kowa ya zauna gida yana gwada nasa yana tura wa sauran. Da aka ɗan sassauta, ba su ce kowa ya turo nasa a liƙa a kwamfuta ba. Suka tattara kayansu suka tafi wani situdiyo a Worcestershire ta Ingila, suka kaɗa tare a ɗaki guda, Fridmann na saurare ta Zoom daga Amurka yana gyara musu. Faifan ya fito a Fabrairun 2021, ya zo na ɗaya a Birtaniya, karo na farko a tarihinsu.

Mu fa? Mawaƙi ya shiga situdiyo a Kano da baitocinsa a waya, yaro ɗaya a gaban fiyano ya buga masa kiɗa, a ɗora murya, a tace, kafin dare ta hau TikTok. A wajen kalma 'yan Mogwai ba sa kama ƙafarmu, wannan ko gardama ba na yi. Su sai sun gama kiɗa ma suke lalubo masa suna, galibi na barkwanci.

Sai dai haɗuwar nan tamu ce tun asali. A zamaninsa, marigayi Shata ba ya rubutu, yana tsaye waƙa ke zuwa, masu kalangu na bin numfashinsa, 'yan amshi na jiran ya ajiye su ɗauka. Ya ja, su ja. Fiyano ba ta san mawaƙi ya canja shawara a tsakiyar baiti ba.

Na san uzurin, kuɗi ne: wa zai biya makaɗa biyar alhali yaro ɗaya ya isa? To, masu kalangun suna nan, a gidajen biki da wajen dambe, kuma ban ga abin da zai hana a kira su situdiyo ko da kan waƙa ɗaya a faifai ba.