Ga matasan da aka damƙa wa aiki da kuɗin jama'a

'Yan uwana matasa, musamman injiniyoyi da masu fara kwangila, ku ba ni aron kunnuwanku. Da yawa daga cikinmu idan oga ya ce "ci gaba kawai, ina bayanka", shi ke nan, sai mu saki jiki mu kama kashe kuɗi, ba takarda ba rasit. Ku ji abin da ya sami John By, injiniyan sojan Ingila.

An haife shi a Landan a 1779, ya yi makarantar soja ta Woolwich, ya yi yaƙin Sifaniya. Har an ajiye shi a kan rabin albashi, sai a 1826 aka kira shi aka tura shi Kanada. Tun bayan yaƙin 1812 Ingila ke tsoron Amurka ta tare Kogin Sen Loran da ke kan iyakarta da Kanada, don haka ake son wata hanyar ruwa daga Kogin Ottawa zuwa garin Kingston, nesa da kan iyaka, wato hanyar Rideau. Kilomita 202 ne cikin daji da dutse da fadama, da gatari da diga da shebur. Zazzaɓin cizon sauro ya kashe leburori ɗaruruwa, shi kansa By sai da ya kwanta. A 1829 madatsar Hog's Back ta ɓalle, ya sake ta. Ya dage a faɗaɗa ƙofofin da ke ɗaga jirgi daga mataki zuwa mataki, su 47, don jiragen tururi su iya wucewa. A 1832 ya gama.

To ina matsalar? Ƙiyasin farko fam 169,000 ne, aiki ya ci sama da fam 800,000. Ofishin sojan da ya tura shi ya ce ya ci gaba, kada ya tsaya jiran majalisa ta amince da kuɗin kowace shekara. Amma mai ba da umarni daban, mai riƙe da lalita daban. Ga shi a 1830 gwamnatin Firaministan Ingila Wellington, wanda ke goyon bayan aikin, ta faɗi. Sababbin shiga ba su san da wannan alkawari ba, ko kuma ba su so su sani. A watan Mayun 1832, yana cikin jirgi yana buɗe hanyar da ya gina, baitulmali a Landan na rubuta takardar kiransa gida ya yi bayani.

Kwamitin majalisa ya bincika, bai same shi da cin ko sisi ba. Lissafinsa da wasiƙunsa ne suka tsaya masa, ba ogan da ya ce yana bayansa ba. Duk da haka bai sami ƙarin girma ko lambar yabo ba, ya rasu a 1836.

Don Allah, duk umarnin da zai ci kuɗi, a ba ku shi a rubuce, da sa hannu da kwanan wata. In farashi ya tashi, ku sanar tun kafin ku kashe, kuma ku tabbata wanda zai biya ya gani, ba wanda ya aiko ku kaɗai ba. Neman takarda ba raini ba ne, ko da oga ya ɓata rai. Kujera ba ta da tabbas, gobe wani ne a kanta, shi kuwa fayil zai buɗe.

Ban ce ku ji tsoro ku yi aikin ha'inci don kuɗi su isa ba. Hanyar Rideau har yau jirage na binta, UNESCO ta sa ta cikin kayan tarihin duniya a 2007, sansanin da ya kafa kuwa, Bytown, shi ne aka mayar Ottawa a 1855, babban birnin Kanada a yau.